Idon Zuci: Yadda Masana Suka Bi Sawun Hoton da Ke Cikin Kai

Mai karatu, kafin mu yi nisa ina roƙon ka wata alfarma. Ɗaga idonka daga wannan rubutu, ka tuno ƙofar gidan da ka girma a cikinsa. Ta katako ce ko ta ƙarfe? Wane launi gare ta? In ka wuce zaure, ɗakin mahaifiyarka yana dama ne ko hagu? Mafi yawanmu in aka yi mana irin wannan tambaya, sai mu ji wani hoto ya taso mana a cikin kai, mu dube shi, mu ba da amsa. Wannan shi ne gani da idon zuci, aikin kuma shi ake kira surantawa. Da shi yaro mai sauraron tatsuniya yake ganin Gizo a kan reshe alhali an kashe fitila, da shi kuma tela yake ganin riga tun yadi yana ninke.

To amma cikin ƙoƙon kai duhu ne, babu allo, babu haske. Ina hoton yake, kuma me ya zana shi? Shin abin da ka gani yanzu daidai yake da abin da maƙwabcinka zai gani in an yi masa tambayar? Fiye da shekara 2,000 masana suna bin sawun waɗannan tambayoyi. Abin da ya ba su wahala shi ne, wannan hoto mai shi kaɗai yake ganin sa. Saboda haka kusan kowane masani ya ɗauki kansa ya mai da shi mudu, ya auna sauran jama'a da shi. Tarihin wannan fanni tarihi ne na yadda aka ajiye wancan mudu sannu a hankali.

Daga Aristotal zuwa Ibn Sina

Aristotal, masanin falsafar Girka da ya rasu a shekara ta 322 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam, ya kira wannan ƙarfi da suna fantasiya. A ganinsa, abin da ido ya gani yakan bar gurbi bayan abin ya gushe, kuma da wannan gurbi ake tunani da tunawa da mafarki. Har ya tafi a kan cewa mutum ba ya tunani sai da wata sura a tare da shi. Sai dai shi a zuciya ya ajiye cibiyar ji da gani, kamar dai yadda harshenmu ya ce idon zuci bai ce idon kai ba.

Likitoci ne suka mai da maganar cikin kai. Jalinus, wanda ya yi aiki a Rum a ƙarni na 2, ya feɗe dabbobi ya bi jijiyoyi har zuwa ƙwaƙwalwa, ya kuma bayyana wasu ramuka masu ruwa da ke tsakiyarta. Wajen shekara ta 400 wani malamin Kirista na garin Hims a Sham, mai suna Nemesiyus, ya raba wa ramukan aiki: surantawa a gaba, hankali a tsakiya, tunawa a baya.

Ibn Sina, wanda aka haifa kusa da Bukhara wajen 980 ya rasu a Hamadan a 1037, shi ya tsara wannan ra'ayi tsari mafi kyau. Ya ce bayan gaɓoɓin ji guda biyar na waje akwai wasu biyar na ciki. Na farko yana tattara abin da ido da kunne da sauransu suka kawo. Na biyu, wanda ya kira hayal, taska ce da ke ajiye surori. Na uku yana ɗauko surori daga taskar ya haɗa wasu ya raba wasu, shi ya sa mutum zai iya suranta doki mai fukafukai ko da bai taɓa ganin sa ba, tunda ya san doki ya san fiffike. Na huɗu yana fahimtar ma'anar da ido ba ya gani, kamar yadda tunkiya take gane ƙiyayyar kyarkeci. Na biyar kuma yana adana waɗannan ma'anoni. An fassara ayyukansa zuwa Latin a ƙarni na 12, kuma makarantun Turai sun yi ɗaruruwan shekaru suna zana kan mutum da waɗannan ɗakuna a ciki.

A 1543 Andreas Vesalius ya fitar da babban littafinsa na halittar jikin mutum, ya nuna shakka a kan batun ramukan, domin ya ga dabbobi ma suna da irinsu. Daga baya aka tabbatar ruwa ne kawai a cikinsu, aikin yana cikin naman ƙwaƙwalwa. Ibn Sina ya yi kuskuren wuri. Amma rabon aikin da ya yi tsakanin taska da mai haɗawa, za mu sake cin karo da shi nan gaba.

Wanda ya fara tambayar mutane

Duk tsawon wannan zamani babu wanda ya tara jama'a ya tambaye su abin da suke gani. Francis Galton na Ingila, wanda kakansu ɗaya da Charles Darwin, shi ya yi haka, ya buga sakamakon a 1880. Ya raba takardar tambayoyi yana cewa kowa ya tuno teburin da ya yi karin kumallo a kansa da safe, sannan ya faɗi: hoton yana da haske ko dushi-dushi ne? Kayan sun fito ɗaya bayan ɗaya sarai? Launinsu na gaskiya ne?

Amsoshin sun ba shi mamaki. Wasu sun ce suna ganin teburin kamar yana gabansu. Wasu kuwa, cikinsu har da abokansa masana kimiyya, sun ce ba sa ganin komai, kuma a da sun ɗauka maganar gani da idon zuci salon magana ne kawai irin na mawaƙa. Kowane ɓangare ya yi zaton kowa irinsa ne. Galton ya yi saurin yanke hukunci cewa zurfin ilimi yana dushe surantawa, hukuncin da masu sake duba bayanansa daga baya suka ga bai tsaya da ƙafafunsa ba. Kuma ya kamata a faɗa cewa mutumin nan shi ne ya assasa aƙidar tace iri a cikin ƴan Adam, yana kuma raina baƙar fata. Duk da haka, a wannan batu ya gano gaskiya ɗaya mai nauyi: idon zuci ba ɗaya ba ne ga kowa.

Shekara uku bayan haka, a 1883, aka buga labarin wani majiyyacin likita Jean-Martin Charcot na birnin Paris. Ɗan kasuwa ne wanda a da in ya karanta wasiƙa yana iya sake karanta ta a cikin kansa. Bayan wata damuwa a kan harkar kasuwancinsa, sai hotunan suka ɗauke gaba ɗaya. Ya kasa suranta fuskar matarsa da ta ƴaƴansa, mafarkinsa ya koma magana zalla. Da aka ce ya zana hasumiya, sai ya yi tunani ya ce ai gini ne mai kusurwa huɗu, ya ja layi huɗu kawai. Ya san mece ce hasumiya, surarta ce ta ɓace masa. Wannan ya nuna cewa sani daban, sura daban, kuma ana iya rasa ɗaya a bar ɗaya.

Ayaba a kan allo, da shekarun shiru

A 1910 wata masaniya a Jami'ar Cornell ta Amurka, Mary Cheves Perky, ta yi wani gwaji mai wayo. Takan zaunar da mutum gaban allon gilashi ta ce ya suranta ayaba ko tumatir ko ganye a kansa. Ba tare da saninsa ba, daga bayan allon ana haska masa surar abin da launinsa, dushi-dushi ƙwarai. Kusan dukansu sun ɗauka hoton daga kansu ya fito. Wasu har suna mamakin yadda ayabar ta tsaya a tsaye alhali a kwance suka nufe ta. Ke nan gani da surantawa sun yi kusa har ana iya rikita su.

Da an bi wannan hanya, da an yi nisa da wuri. Amma a 1913 John Watson ya kafa wata mazhaba a ilimin halayyar ɗan Adam da ta ce abin da ba a iya gani daga waje a auna, ba kimiyya ba ne. Ya musanta muhimmancin hoton zuci, ya ce tunani magana ce da mutum yake yi ƙasa-ƙasa a maƙogwaronsa. Hujjarsa tana da ƙarfi ta wani gefe, domin in mutum biyu suka saɓa a kan abin da ke cikin kansu babu alƙalin da zai raba su. Mazhabar ta mamaye jami'o'in Amurka kusan shekara 50, aka jingine batun surantawa.

Yadda aka auna abin da ba a gani

Hausawa na cewa labarin zuciya a tambayi fuska. Masana sun koma neman wata fuska da za ta ba da labarin hoton ba tare da an dogara ga bakin mai shi ba, kuma ta farko da suka samu agogo ce. A 1971 Roger Shepard da Jacqueline Metzler na Jami'ar Stanford suka nuna wa mutum 8 zane-zane bibbiyu har 1,600, kowane zane na wasu tubala ne da aka jera da lanƙwasa. Tambayar ita ce: waɗannan biyun abu ɗaya ne da aka juya, ko daban suke? Sai aka ga lokacin ba da amsa yana ƙaruwa daidai da girman juyin, kimanin sakan ɗaya ga kowane digiri 60. Kamar dai mutanen suna ɗaukar abin a cikin kai suna juya shi a hankali har ya dace da ɗan uwansa.

A 1978 Stephen Kosslyn da abokan aikinsa suka sa mutane haddace taswirar wani tsibiri na ƙage mai wurare bakwai, irin su bukka da rijiya da bishiya. Bayan an ɗauke taswirar, sai a ce su bi da idon zuci daga wannan wuri zuwa wancan. Wurin da ya fi nisa a takarda ya fi cin lokaci a kai. Wani masani na Kanada, Zenon Pylyshyn, bai yarda ba. Ya ce mutane sun san tafiya mai nisa ta fi daɗewa, shi ya sa suke jinkirtawa, kuma a ƙarƙashin abin da muke ji kamar hoto bayanai ne kawai masu kama da jimloli. An shafe fiye da shekara 20 ana wannan muhawara.

A cikin shekarar 1978 ɗin ne kuma wata hujja ta fito daga gadon asibiti a birnin Milan na Italiya. Akwai wata lalura da takan biyo bayan shanyewar ɓarin jiki in ɓangaren dama na ƙwaƙwalwa ya taɓu: mutum ya daina lura da duk abin da ke hagunsa, har ya ci rabin abincin da ke kwano ya bar rabi. Likitoci biyu, Edoardo Bisiach da Claudio Luzzatti, suka ce wa majiyyata biyu masu wannan lalura su suranta suna tsaye a babban dandalin garin suna fuskantar babbar majami'a, su lissafa gine-ginen da suke gani. Suka lissafa na dama, suka tsallake na hagu. Sai aka ce to su suranta sun koma bakin ƙofar majami'ar sun juyo. Nan take suka kawo gine-ginen da suka tsallake ɗazu, suka bar waɗanda suka ambata. Dandalin duka yana cikin taskarsu. Raunin da ya hana su lura da hagu a waje, shi ne ya hana su a ciki.

Abin da na'urori suka nuna

Daga shekarun 1990 aka samu na'urorin da ke nuna sashen ƙwaƙwalwar da jini ya fi kwarara a cikinsa yayin wani aiki. Kosslyn ya nuna cewa in mutum ya rufe ido yana surantawa, sassan gani da ke wajen ƙeya suna motsawa. A 2000 Kathleen O'Craven da Nancy Kanwisher suka nuna cewa suranta fuska yana tayar da sashen da ke gane fuskoki, suranta wuri kuma yana tayar da sashen da ke gane wurare.

Ga yadda mafi yawan masana suke fahimtar aikin a yau. In kana kallon abu, saƙo yana tasowa daga ido ya isa ƙeya, daga can ya yi gaba zuwa sassan da ke gane siffa da suna da ma'ana. In kana surantawa, sai tafiyar ta juya: sassan gaba, masu niyya da tsara aiki, su nemi abin daga ma'ajiyar tunawa, su tura umarni baya zuwa sassan gani, waɗannan kuma su motsa kamar sun ga abin, amma da rauni. Shi ya sa hoton zuci yake dushewa da sauri, gefunansa kuma ba su cika fita ba. Har yanzu ana saɓani a kan inda ya fi muhimmanci, domin an samu majiyyatan da sashen gani na ƙeyarsu ya lalace amma suna surantawa. Wannan ya sa Paolo Bartolomeo da abokan aikinsa a Paris suka fi ba da ƙarfi ga wani yanki da ke ƙasan ɓangaren hagu na ƙwaƙwalwa.

Batun mai haɗawa kuwa, a 2007 Demis Hassabis da Eleanor Maguire da abokan aikinsu a Landan suka gwada mutum 5 da suka rasa ƙarfin tunawa saboda lalacewar wani ɗan sashe mai lanƙwasa da ake kira hifokamfus. An ce su suranta sabon abu, misali suna kwance a bakin teku a kan farin rairayi. Huɗu daga cikinsu sun kawo gutsattsari kawai, sun kasa haɗa su su zama wuri guda da mutum zai tsaya a cikinsa. Ke nan da kayan jiya ake gina hoton gobe, kuma akwai sashen da aikinsa ɗinke su. Mai karatu zai tuna taska da mai haɗawa na Ibn Sina.

Wannan ilimi bai tsaya a ɗakin gwaji ba. A 2006 Adrian Owen na Cambridge ya ba da rahoton wata mace mai shekara 23 da ta yi haɗarin mota, ta yi watanni ba ta amsa kira ba ta bin umarni, har likitoci suka ɗauka ba ta san abin da ke kewaye da ita ba. Aka sa ta cikin na'ura aka ce ta suranta tana buga ƙwallon tanis, sai sashen tsara motsi ya tashi. Aka ce ta suranta tana zagaya ɗakunan gidanta, sai sashen wurare ya tashi, daidai da na masu lafiya. A 2010 aka gwada majiyyata 54 a Cambridge da birnin Liège na Beljiyam, 5 suka iya wannan aiki, ɗaya har ya amsa tambayoyi da shi: wannan hoto na nufin e, wancan na nufin a'a. Mutumin da aka fitar da rai da jin ta bakinsa, idon zucinsa ya zama harshensa.

Waɗanda ba su da hoto

Abin da Galton ya gano ya yi fiye da shekara 100 kusan a mance. A 2010 likita Adam Zeman ya buga labarin wani dattijo mai shekara 65 da ya rasa surantawa bayan an yi masa aiki a jijiyar zuciya. Da labarin ya fita a wata mujalla, sai mutane suka riƙa rubuto masa suna cewa su ai haka aka haife su. A 2015 shi da abokan aikinsa a Jami'ar Exeter suka bayyana mutum 21 irin waɗannan, suka raɗa wa halin suna afantasiya, wato rashin fantasiyar nan ta Aristotal. Ƙididdiga ta nuna kimanin mutum 1 cikin 100 ba ya ganin komai sam, in kuma aka haɗa da masu gani dushi-dushi ƙwarai adadin ya kai wajen 4 cikin 100. A ɗaya gefen akwai masu hoto mai kaifi kamar gani da ido.

An kuma samu shaidar da ba ta dogara ga baki ba. Ɗan ramin da ke tsakiyar baƙin ido yakan tsuke in haske ya yi yawa, kuma yakan tsuke ko da hasken surantawa aka yi. A 2022 Joel Pearson da abokan aikinsa a birnin Sydney na Ostireliya suka nuna cewa na masu afantasiya ba ya tsukewa in an ce su suranta abu mai haske. Shekara guda kafin haka sun ba mutane labaran ban tsoro su karanta ana auna gumin fatarsu. Na masu surantawa ya ƙaru, na masu afantasiya kuwa bai wani motsa ba, alhali da aka nuna musu hotunan ban tsoro na zahiri jikinsu ya amsa kamar na kowa.

Kada a ɗauka wannan ciwo ne ko ƙarancin basira. Ed Catmull, ɗaya daga waɗanda suka kafa kamfanin finafinan zane na Pixar, ya bayyana cewa ba ya ganin hoto a kansa. Haka ma Glen Keane, fitaccen mai zane da ya daɗe yana aiki a Disney. Irin waɗannan mutane sun san ƙofar gidansu kore ce, sun san ɗakin mahaifiya yana hagu, amma sanin yana zo musu ba tare da sura ba. Da yawansu ma suna ganin hotuna a mafarki.

Kammalawa

Aristotal ya ce babu tunani sai da sura, Watson ya ce surar ba ta da wani matsayi, kuma kowannensu ya yi magana ne kamar kawunan mutane duka iri ɗaya ne. Abin da ƙarni ɗaya da rabi na bincike ya tabbatar shi ne, ƙwaƙwalwa tana aron kayan gani da kayan tunawa ta gina hoton zuci, kuma kaifin wannan gini ya bambanta daga mutum zuwa mutum, tun daga mai gani tar har zuwa wanda ba ya ganin komai.

Wannan yana da amfani gare mu. Malamin da ya ce wa yara su rufe ido su ga abu, ya san cewa a aji mai ɗalibi 60 ana iya samun wanda duhu kawai yake gani, kuma ba taurin kai ba ne. Marubucin da ya cika shafi uku da siffanta falo da sutura, ya san akwai mai karatun da ba abin da ya iso gare shi sai abin da mutanen labarin suka faɗa da abin da suka aikata. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. In kana son sanin naka matsayi, yau da dare ka yi wa mutanen gidanku tambayar da na yi maka a farko, ka bar kowa ya faɗi abin da ya gani da kaifinsa, kada ka gyara wa kowa amsarsa.